Littafin da Ya Fi Bangonsa Girma

Ni na kai littafin birni. Gara in faɗi wannan tun farko, kada a ce na ɓoye nawa laifin.

Linjilar cocinmu ce, rubutun hannu a kan fatar awaki. Wani ɗan zuhudu mai suna Teoktistos ya rubuta ta shekara ɗari takwas da suka wuce, can tsohuwar ƙasa, cikin duwatsun Pontos. A shafin ƙarshe ya ce sanyi ya daskarar masa da tawada sau uku, ya roƙi mai karantawa ya sa shi a addu'a. Gidan zuhudun ya yi gobara, littafin ya koma cocin ƙauyen kakanninmu da kusurwa ɗaya baƙa. An taɓa ɓoye shi shekara biyu a cikin tulu. Shekarar da aka yi musayar mutane tsakanin tsohuwar ƙasa da wannan, aka koro mu nan, ya taho cikin buhun gari a bayan tsohon firist ɗinmu, Fada Kosmas.

Wata biyar suka yi a hanya. Tafiyar ƙafa, sannan jirgin ruwa, sannan wani tsibiri inda aka killace su saboda zazzaɓi. Wanda ya mutu a dutse, a tara masa duwatsu a wuce. Wanda ya mutu a jirgi, sai teku. Na tsibiri kuwa rami ɗaya aka yi musu. Fada Kosmas ba shi da takarda. Duk wanda ya mutu, sai ya buɗe littafin a karatun wannan rana, ya rubuta sunan a gefe, inda fatar take fili. Suna ɗari biyu da sha ɗaya. Na ƙarshe nasa ne, da hannun wani.

Ba a taɓa kwafe su ba. Tsofaffi sun hana. Cewa suke an binne su sau ɗaya, ba a tono su a kai su wani wuri. Asabar ɗin matattu, gab da babban azumi, mata su kawo dafaffiyar alkama da rumman da zabibi, a buɗe littafin a bi shafi shafi ana kiran su. Tun da idon firist ɗinmu na yanzu, Fada Yordanis, ya yi rauni ni nake kira, shekara uku ke nan, don ni ne na gama sakandare na dawo gida ina zura ganyen taba a zare kamar wanda bai taɓa shiga aji ba. Bakina yana kira, hankalina yana wani wuri. Wannan ma nawa ne.

Kakata Simela tana da mutum biyu a ciki, ƙanwarta da ɗanta na fari, ɗan wata bakwai. Ba ta iya karatu ba. Da ɗigon kakin kyandir take gane shafin jaririn. In na iso wurin takan matso ta ɗora yatsa a kan sunan har in gama.

A watan Janairu Kawu Savvas ya dawo daga Jamus. Ƙanin mahaifiyata ne, autan Kaka. Shekara goma sha ɗaya a masana'antar taya. Ya zo da mota da akwati. A shagon gahawa ya buɗe akwatin, ba a coci ba.

Bango ne na azurfa, na gaba da na baya. Almasihu a kan gicciye, masu bishara huɗu a kusurwoyi.

"Ranar da inji ya kama min hannun riga na yi alkawari," ya ce. "Ya ja ni har kafaɗa, sai ya tsaya cak. Na ce, Uwarmu Maryamu, in na fita da hannun nan, littafinmu ya daina yawo cikin tsumma."

Tsoho Hambos, wanda magana ba ta wuce shi, ya ajiye kofi.

"Bajamushe, ka auna kuwa?"

"Da me zan auna, ina can? Tun ina ɗan shekara bakwai nake ɗauke da shi a gaban Fada. Ko ido rufe na san girmansa."

"Haka ka ce ka san girman matarka, ka aiko mata da rigar da ta tsaya a wuya."

Aka kwashe da dariya. Kawu ma ya yi, ya sa aka ƙaro wa kowa gahawa.

Da aka gwada a coci, azurfar ta zauna a kan littafin kamar hular yaro a kan ƙato. Kawu ya ce tsohon katakon bangon ne ya cika faɗi, da an cire shi zai shiga. Fada Yordanis ya shafa da hannu ya ce ai kam, ai kam. Ni na ga ba katako ba ne. Na yi shiru.

Na naɗe littafin cikin bargo na hau bas. Mai ɗaurin littattafan sunansa Periklis, shagonsa a wani ɗaki da ake sauka da matakala, yana warin fata da gam. Ya ɗora ma'auni ya yi fito.

"Bangon ya gaza. Yatsa biyu sama, biyu ƙasa, uku a gefe."

"To yaya za a yi?"

"Ba da kai za a yi ba, samari. Mai azurfa ya zo da kansa."

Kawu ya je da motarsa bayan kwana biyu. Ya dawo ya ce an daidaita. Ban tambaye shi me aka daidaita ba.

Ranar Alhamis, saura kwana biyu Asabar ɗin matattu, na koma ɗauko shi. Periklis ya kwance takardar da ya naɗe shi yana murmushi, kamar mai nuna jikansa. Azurfa gaba da baya, jan ƙyalle mai laushi a gadon baya, bakin shafukan sumul an shafe shi da ruwan zinariya. Ya shiga bangon daram.

Na buɗe.

Rubutun Teoktistos yana nan, layi biyu a tsaye, baƙi da ja. Gefen ne babu. Inda a da za ka ɗora tafin hannu, yanzu ko yatsa ɗaya ba zai zauna ba. Na juya shafi. Na sake juyawa. Wani wurin wuƙar ta bi ta tsakiyar suna, ta bar harafi biyu ko uku a baki. Yawanci ba ta bar komai ba.

"Ina gefen?"

"Na rage shi. Ta ina zai shiga in ba haka ba?"

"Ina sunayen?"

"Kai, rage murya, ba kasuwa kake ba. Maganar Ubangiji ko ɗigo ban taɓa ba, duba da kanka. Shekara talatin ina aikin nan. Kowane tsohon littafi yana da irin wannan zane-zanen a gefe. Wani ya gwada alƙalami, wani ya rubuta an yi girgizar ƙasa. Kuma na tambayi kawunka. Ya ce kowa ya san nasa."

"Ba ni abin da ka yanke."

Ya dube ni. Sannan ya dubi wata tukunya a kan murhu, bakinta ya yi kauri da busasshen abu ruwan ƙasa.

"A sana'armu ba a zubar da fata," ya ce. "A jiƙa ta kwana biyu, a dafa a hankali, ta narke. Babu gam kamar na tsohuwar fata. Da shi na ɗaure bayan littafin. Ya ɗan yi duhu saboda tawadar, amma ai yana ƙarƙashin ƙyalle, wa zai gani?"

"Ka dafa su."

"Na dafa fata."

"Mutum ɗari biyu da sha ɗaya ka dafa."

Ya cire tabarau yana gogewa da riga. Bai ba ni haƙuri ba. Cewa ya yi, "Ku 'yan gudun hijira komai naku daban. Wa yake ajiye matattunsa a inda wuƙa take bi? Ba ku da takarda a ƙauyen naku?"

Na leƙa tukunyar. Babu komai sai ɓawon da ya manne. Na duba ƙarƙashin tebur, na zazzage kwandon shara. An share. Mutum ne mai tsafta.

Safiyar Juma'a na ajiye littafin a gaban Fada Yordanis da Kawu, a ɗan ɗakin da ke bayan bagade, teburin tsarki na coci. Fada ya kai shafin kusa da hancinsa, ya daɗe a haka, sannan ya zauna a kan akwatin kyandir.

Kawu bai buɗe ba. Ya riga ya sani.

"Ya ce min kaɗan zai rage," ya ce.

"Ya faɗa maka yatsa nawa."

"Azurfa ba a ƙara mata faɗi, Lazaros. Alkawari na yi. In mayar da ita in ce wa Uwarmu me? Kuma sunayen nan kowa ya san nasa."

"Gidan Kalfa fa? Su tara. Wa ya rage ya san nasu?"

"Kai da kake kira shekara uku, ba ka riƙe su ba? To me aka kai ka makaranta ka yi?"

Wannan ta same ni.

Fada ya ɗago kai. Mutumin kirki ne. Kirkin nasa ya fi ba ni haushi a ranar.

"Ɗana, ga abin da za mu yi. Gobe ka tsaya a bayan teburin karatu, ka juya shafi kamar kullum, ka kira waɗanda ka tuna. In ka ƙare ni zan ce, da sauran waɗanda Allah ya san sunansu. Tsofaffin nan ba sa gani sosai. Bayan azumi sai mu faɗa musu a hankali."

"Kaka tana sa yatsa."

"Ka riƙe littafin sama," in ji Kawu. "Zuciyar tsohuwa ba lafiya, ka sani. In ta faɗi a coci kai ka kashe ta, ba ni ba."

Na fita ban ce e ba, ban ce a'a ba.

Wunin ranar a rumfar taba na yi shi. Na ɗebi wake, duk sunan da na tuna in jefa ƙwaya ɗaya a kwano. Na farkon hanya sun zo da sauƙi, don lokacin ban gaji da kira ba. Na jirgi sun zo rabi. Na tsibiri, inda wani shafin yake ɗauke da mutum shida, sun cakuɗe. Akwai Despina uku ko huɗu. Akwai wani Avraam da ban san ko na tuna shi ba ne ko na ƙirƙiro shi. Kafin la'asar kwanon yana da ƙwaya casa'in da huɗu. Na san sunan kowane kogi na Turai, na ci jarrabawa a kai. Na watsar da waken.

Asabar coci ya cika. Faranti-faranti na alkama a kan dogon tebur, an rufe su da farin sukari, kowanne da kyandir a tsakiya. Da Fada ya fito da littafin aka yi guna-guni na sha'awa. Matar Hambos ta ce, "Kai, kamar na babban coci." Kawu yana tsaye kusa da ginshiƙi cikin kwat ɗinsa ta Jamus.

Na buɗe. Na kira na farko daga ka, na biyu, na uku. Na juya shafi ina kallon wurin da babu komai. Na kai ashirin da wani abu.

Kaka ta matso tun kafin lokacinta. Gajera ce, kanta bai wuce teburin karatun ba. Ban ɗaga littafin ba.

"Lazaros," ta ce, ba ta ko rage murya ba. "Littafin nan ya rame."

"Kaka."

"Buɗe min wurin yarona."

Na buɗe. Ɗigon kakin yana nan a kan rubutun Teoktistos. Ta ɗora yatsa a kai, ta ja shi zuwa gefe kamar yadda ta saba, sai yatsan ya zame daga bakin shafin ya faɗa iska. Ta sake gwadawa.

"Ina yake?"

Fada ya fara cewa, "Iya, bari mu gama, daga baya..."

Na juya na fuskanci jama'a. Ban tsara magana ba. Na ce bangon ya yi kaɗan, an yanke littafin don ya shiga. Na ce an yanke sunayen. Na ce mai ɗaurin ya dafa abin da ya yanke ya yi gam, gam ɗin yana nan a gadon bayan littafin, ƙarƙashin jan ƙyallen nan. Na ce ni na kai, na ga bangon ya gaza ban yi magana ba, kuma Kawu Savvas ya ba da izini.

Sannan coci ya ɓarke.

"An yanke me?"

"Dafawa? Kamar ƙafar saniya?"

"Bajamushe!" in ji Hambos, yana buga sanda a ƙasa. "In takalmi ya yi maka kaɗan yatsu kake yankewa? Haka ake yi a can?"

"Don Allah na yi!" in ji Kawu. "Ku wa ya taɓa saya masa ko zare? Shekara arba'in da wani abu yana ruɓewa a hannunku!"

"Yana ruɓewa da uwata a ciki!" in ji wani cikin taron.

Kaka ba ta faɗi ba. Ko kallon ɗanta ba ta yi ba. Ta bugi teburin karatun da tafin hannu sau biyu, hayaniyar ta lafa.

"Kyandir yana ƙonewa," ta ce. "Koma farko. Abin da wuƙa ta bari ka karanta. Inda ba ta bar komai ba, ka faɗi ranar."

Na koma farko. Na ce, "Ranar uku ga Oktoba." Wata murya daga baya ta ce, "Babana. Isaak." Na juya. Na ce, "An bar harafi uku, Par." Mata biyu suka amsa tare, ɗaya ta ce Partena ta gidan mai niƙa, ɗaya ta ce ƙarya ne, Partenar mai niƙa a jirgi ta mutu, wannan Paraskevi ce mai ɗingishi. Suka yi ta yi.

"Ke kina goye a lokacin, me kika sani?"

"Ke kuma tun kina budurwa ba kya riƙe komai sai gulma."

"A kira duka biyun," in ji Kaka. Aka kira.

Haka muka yi ta tafiya har rana ta take. Kyandirori suka ƙare aka kunna wasu. Tsofaffin da ba a taɓa jin muryarsu a coci ba suka dinga jefo sunaye, wani da kuka, wani da faɗa. Wani shafin in faɗi rana, kowa ya dubi kowa. In jira. In juya. Gidan Kalfa an samo uku cikin tara. Yaran tsibiri, waɗanda iyayensu suka bi su cikin mako guda, kusan babu wanda aka samo. Da muka iso na jaririn, Kaka ta faɗi sunansa da kanta, Anastasis, a sarari. Ban taɓa jin sa a bakinta ba.

Ɗari da sittin da uku muka samu. Saura arba'in da takwas.

Fada Yordanis ya ɗaga hannu, muryarsa ta dishe. "Da sauran waɗanda Allah ya san sunansu."

"Shi ai ya sani," in ji Kaka. "Mu aka bar wa."



Bayan addu'a akan yi layi a sumbaci littafin. Fada ya rufe shi ya miƙo min in riƙe, don hannunsa ba zai iya da nauyin azurfar ba. Na riƙe shi a ƙirji, gicciyen yana fuskantar mutane. Kaka ce ta farko. Ta tsaya tana kallonsa. Sannan ta kama shi da hannu biyu ta murɗa shi a hannuna har gadon bayan ya fuskance ta, ta ɗora leɓe a kan jan ƙyallen. Ta daɗe.

"Iya," in ji Fada a hankali, "ba nan ake sumbata ba."

"Nan suke."

Matar Hambos ta biyo baya, ta yi yadda ta ga an yi. Hambos ma. Ban ƙara juya littafin ba. Mutum bayan mutum, har ƙyallen ya jiƙe ya yi duhu a tsakiya. Littafin ya yi min nauyi, ban sauke ba.

Kawu ne na ƙarshe. Ya taho ta gefen ginshiƙi, ta inda azurfar take fuskanta, ya tsaya a gefena. Idonsa ya yi ja. Ya dubi gicciyen, ya dubi ƙyallen, ya dube ni yana jira in juyo masa gadon bayan.

Ban juya ba. Na bar shi ya zagayo da ƙafarsa.